Rabi Gunna da askar wanzami

Shekara shida ke nan da aka fitar da gawar Yaya Rabi daga gidanmu na Tibiri. Ni ƙanwarta ce, Binta, uwa ɗaya uba ɗaya, ta girme ni da shekara takwas. Karatuna na lakwal, wato boko, a aji huɗu ya tsaya, don haka mai karatu ya yi haƙuri da rubutuna. Da ina da wanda zan gaya wa wannan magana a cikin gida, da ban kawo ta jarida ba. Ina rubutun nan ne ɗana na wata huɗu yana bayana yana tari, kuma tun da tarin ya fara ba ranar da ban tuna Yaya ba.

Duk wanda ya san ta a Tibiri ko a Jiratawa, da Rabi Gunna ya san ta. Ba da wannan murya aka haife ta ba. Tana da shekara huɗu ta kamu da tari da amai, aka ce belu ne, wato ɗan naman nan da yake reto a can cikin maƙogwaro. An riga an cire mata shi tun tana jaririya, kamar yadda ake yi wa kowa a wajenmu, amma manya suka ce ya sake tofowa. Aka kira wanzami karo na biyu. Bai sami abin yankewa sosai ba, sai askar ta shiga ganɗa. Wurin ya ruɓe, ya daɗe yana wari, da ya warke kuma sai ya warke a tattare. Daga nan maganarta ta koma ta hanci. In ta sha ruwa da gaggawa ta hanci yake dawowa, shi ya sa har ta mutu ban taɓa ganin ta sha koko a gaban baƙo ba. Sai ta ɗauki kwanonta ta juya wa mutane baya. Sunana ma bai fita a bakinta daidai, Minta take ce mini.

A Islamiyya sunan ya same ta. Malam yana koya musu tajwidi, ya zo kan gunna, sai wata yarinya ta ce, "Malam, Rabi ai ta huta, ita duk karatunta gunna ne." Aji ya kwashe da dariya, kafin a tashi suna ya zauna. Da wata ce, da gudu za ta yi gida ta daina zuwa. Ita kuwa sai ta jira kowa ya watse, ta durƙusa ta tambayi Malam ma'anar abin da aka laƙaba mata. Ya ce kalmar Larabci ce, sunan sautin da yake fitowa daga can ƙuryar hanci, harshe ba shi da aiki a cikinsa, kuma a haruffa biyu yake zaune, nun da mim. Ya ce ta ja mim ta toshe hancinta ta gani. Ta ja, ta toshe, sautin ya mutu nan take. Ya ƙara mata da cewa malaman da can sun kamanta shi da kukan barewa idan ɗanta ya ɓace mata a daji. Yaya ta sha ba ni wannan labari, kuma kullum a nan take tsayawa.

Bayan ta girma ta shiga ajin yaƙi da jahilci na mata a Maraɗi. A can mushe, wato malamin ajin, ya gaya musu cewa a littattafan Hausa waɗannan haruffa ƴan hanci ake kiransu, don iska ta hanci take bi. Ta dawo gida tana dariya, ta ce, "Minta, gara da a Islamiyya aka raɗa mini. Da a lakwal ne da yanzu ƴar hanci ake kirana. Wannan aƙalla da lada a cikinsa." Ita ta koya mini ƙananan surori. In na zo kan gunna na wuce da sauri sai ta kama hancina da yatsu biyu masu warin albasa, ta ce in sake. Ita kuma in ta zo kan sauran haruffa nata hancin take toshewa don su fito. Haka muke karatu a gindin darbejiya, kowa da hannu a hanci, Inna tana wucewa ba ta kallonmu.

An ɗaura mata aure da wani manomin rani a Jiratawa, mutum mai haƙuri, mai gonar zogale a bakin ruwa. Ta zo gida haihuwar fari, ta haifi namiji. Da wanzamin dangin mijin ya zo ranar suna da zabirarsa, Yaya ta ce aski kawai za a yi, ba za a buɗe bakin yaron ba. Abin ya zama abin magana, don ɗan fari ne. A wajenmu uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta nuna ta damu da shi a gaban surukai, balle ta yi jayayya a kansa. Aka ce ba ta da kunya. Wata daga cikin dangin mijin har ta kwaikwayi muryarta a tsakar gida, mata suka rufe baki da gyale suna dariya. Amma da yake a gidanmu ake, aka bar ta.

Ta yi arba'in ta koma ɗakinta. Yaron ya kai wata biyar, ya fara zawo da amai irin na haƙori. Uwar mijinta ta ce ga abin da aka bari nan ya kumbura, in ya fashe a wuya shi ke nan. Yaya ta ce a'a. Aka kawo mata tsofaffi, ta ce a'a. Wata safiya ta bar shi yana barci a ɗakin kakarsa ta tafi gona tsinko zogale, tafiyar da ba ta kai awa guda ba. Ta dawo ta tarar da wanzami yana wanke hannu a bakin randa.

Jinin bai tsaya ba. Yaron ya ƙi kama nono. Aka jiƙa magani aka ɗura, aka ce a jira ya huce. Sai a rana ta biyu aka hau babur da shi zuwa asibiti a Maraɗi, a rana ta uku ya cika. Na je zaman makoki tare da Inna. Na sami Yaya a kan tabarma, bakinta a rufe gam, don ba a yi wa ɗan fari kururuwa. Amma ita bakinta ba ya tsare sauti. Wani siririn kuka yake fita ta hancinta, ya ja, ya yanke, ya sake ja, tun hantsi har la'asar. Ban taɓa ganin barewa ba sai a hoto, amma a ranar na yarda malaman da can sun san abin da suke faɗi.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne ba mugu ko ɗaya a gidan nan. Tsohuwar ta fi kowa kuka, har sai da aka riƙe ta. Jikanta take so ta ceta. Wanzamin ma ya zo gaisuwa, aka shimfiɗa masa tabarma, aka ce kwana ne ya ƙare. Na yarda da ƙaddara. Amma bakin rijiya ba wurin wasan makaho ba ne, kuma ba wanda ya taɓa leƙa cikin bakin jariri da fitila kafin ya sa ƙarfe.

Yaya ta yi shekara biyu bayan haka. Ba ta sake haihuwa ba, ba ta sake koya wa kowa karatu ba. Ta yi ta ramewa, zazzaɓin damina ya zo ya tarar da ita ba ƙarfi, aka maido ta Tibiri ta yi kwana tara. Allah ya jiƙanta, ya sa ɗan nan ya zama mai cetonta.

An ce gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah. Ni dai bai ishe ni ba, kuma dole in faɗi wannan don kada a ɗauke ni jaruma. Bayan rasuwarta aka kawo ni aure unguwar Zariya ta Maraɗi, maigidana ɗan kabu-kabu ne, muna gida ɗaya da mahaifiyarsa, Hajiya. Da na haifi ta fari, a kwana na uku ina bayan ɗaki ana yi mini wankan jego na ji ƙarar jaririya ta canja. Na san mene ne. Na ga wanzamin ya shigo tun da farko. Na zauna a kan turmi ruwan zafi yana zuba a jikina, ban ce uffan ba. Kunya ta riƙe mini baki, abin da ya kasa riƙe na Yaya. Allah ya rufa asiri, yarinyar ta warke. Yanzu shekararta uku, bakinta garau. Amma na yi shekara biyu ina kasa kunne ga kowace kalma da ta koya, ina kallon hancinta duk lokacin da ta sha ruwa.

Lafiyarta kuwa ita ce yanzu sandar dukana. Da na haifi wannan namijin, na ce ba za a taɓa shi ba. Ungozomar asibiti ta gaya mana a bar naman nan, Allah bai sa shi a banza ba. Na gaya wa maigida, ya sosa ƙeya ya ce in gaya wa Hajiya da kaina. Ranar suna na riƙe yaron a cinyata har aka gama aski. Wanzamin ya dube ni ya ce, "Ke ɗiyar ga, mijinki ni na cire mishi. Kin taɓa jin ya yi magana ta hanci?" Na ce, "Baba, a yi haƙuri." Ya ce, "Haƙuri ai ke za ki yi shi in ya fashe." Ya naɗe zabirarsa ya fita ko goron bai ɗauka ba.

Yau kwana takwas yaron yana tari, in ya sha nono ya dawo da rabi. Na kai shi wurin lokotoro, ya duba ya ce sanyi ne ya kama ƙirji, ya ba da magani na kwalba. Ina ba shi, tarin ya ragu amma bai tafi ba. Duk lokacin da ya yi tari Hajiya takan ajiye abin da take yi ta dube ni. Shekaranjiya ta kira ni ɗakinta. Ba ta yi faɗa ba, da ma faɗan ta yi. Ta ce, "Binta, na haifi tara, duk an cire musu, bakwai na raye. Ga ɗiyarki nan tana tsalle. Abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba ya hango shi. Juma'a in an sauko masallaci wanzami zai taho." Hawaye ne a idonta. Tsoron da nake ji shi take ji, sai dai ni aska nake tsoro, ita kuma rashin askar.

Nakan tambayi kaina me Yaya za ta ce da ta ga Maraɗi ta yau. Waya a kusan kowane gida, asibiti a kusa, ana maganar nan a rediyo. Amma zabirar tana nan tana yawo gida gida, har a kan babur yanzu, ta fi da sauri. Ina jin ba za ta yi mamaki ba. Za ta ce mini ita ma ta ce a'a, sau nawa ma, kuma a'ar ba ta hana komai ba. Zogale ne na awa guda ya cinye ta. Saboda haka yanzu ban ajiye yaron nan. Da shi nake daka, da shi nake shiga banɗaki, in zan yi wanka a ƙofar nake kwantar da shi ina ganin ƙafarsa. Bayana ya ƙage, zanen goyona ba ya bushewa. Wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma gudu yake, na sani, kuma maƙwabta sun fara cewa na taɓu.

Ban da tabbas. Wannan shi ne gaskiyar da take hana ni sukuni. In tarin nan ya yi tsanani, Allah ya kiyaye, ba wanda zai ce kwana ne ya ƙare. Za a ce Binta ce ta hana. Aska in ta kashe ana kiranta ƙaddara, uwa in ta ƙi ita ake kira mai laifi.

Jiya na ari wayar maƙwabciya na kira Inna a Tibiri. Na gaya mata komai, na ce ina so in taho da yaran kafin Juma'a, amma maigida ya ce in na fita ba da yardar Hajiya ba, kada in sa ran zai zo biko. Na zaci Inna za ta ce in yi haƙuri in zauna ɗakina, don abin da take faɗa ke nan tun da aka kai ni. Sai ta ce, "Ranar da aka yi wa Rabi, ni na riƙe kanta. Tana ta kiran sunana da muryarta ta gaskiya, ni kaɗai na san irinta yanzu. Ki kawo mini shi."

Yaya ba ta bar ɗa ba, ba ta bar ɗaki ba, kayanta ma an raba tun ranar bakwai. Abin da ya rage nata a duniya shi ne tsohuwa guda da ta daina cewa a yi haƙuri, da ƙanwa guda matsoraciya da ta ƙi kwance goyo. Ko hakan zai isa, Allah masani. Na ɗaure kayanmu a zane ɗaya, na sa kwalbar maganin a sama. Gobe Alhamis, motar Tibiri tana tashi da hantsi.