Alƙali Iliyasu Janfalan da Sulallan da Ba a Huda Ba

Haihuwa da Karatu

An haifi Malam Iliyasu a Janfalan ta ƙasar Ikara a shekarar 1908. Mahaifinsa Malam Sada shi ne limamin gari, mahaifiyarsa Aishatu kuwa Bafulatana ce 'yar makiyaya. Ya sauke Alƙur'ani a gaban mahaifinsa yana da shekara goma sha huɗu, sannan ya tafi birnin Zariya, inda ya share shekara tara a zaurukan malamai yana karatun fiƙihu.

Aiki da Iyali

A 1934 aka ɗauke shi magatakardan kotu, ya auri Hajo 'yar Kudan a 1936, a 1955 kuma aka naɗa shi alƙalin wata ƙaramar kotu a yankin Makarfi. An shaide shi da tsantseni, domin ko ƙwan zabo ba ya karɓa daga mai ƙara. Aibinsa ɗaya ne, shi da bakinsa ya faɗa daga baya: tsoron takardar da ta fito daga sama.

Shari'ar Lado Maƙeri

A watan Mayu na 1962, ana dakon ruwan shuka, 'yan doka suka gurfanar da wani maƙerin Gubuchi mai suna Lado, bisa zargin buga jabun kuɗi. Sana'ar Lado ita ce zuba sanholo, wani farin ƙarfe mara nauyi, a siffar tsohon sule, wanda matan Fulani ke jerawa a kitso don ado. Al'adarsa ba ya huda su sai a kasuwa, a gaban mai saye, domin wata huda ɗaya take so, wata biyu. A hanyar kasuwar aka tare shi da jakarsu, babu ko ɗaya mai huda.

Laifin ya fi ƙarfin kotun Malam Iliyasu, sai an kai shi birni. Abin da ke hannunsa kawai shi ne beli: ko ya saki Lado ya jira ranar shari'a a gida, ko ya tura shi a tsare. Mai unguwar su Lado ya ce zai tsaya masa. Ardo Bobbo, shugaban Fulanin yankin, ya zo da adon matarsa a hannu, ya ce shi ma ya tsaya. Lado kansa bai ce komai ba sai: "Allah ya gafarta Malam, a bar ni in yi shuka. Ranar da aka kira ni, da ƙafata zan je."

Malam Iliyasu ya san gaskiyar maganar sarai. A bayan uwa mai irin wannan ado aka goya shi, ita Hajo ma akwai na Lado a cikin kayanta. Amma a makon nan takarda ta iso cewa jabun kuɗi sun yi yawa, a tsaurara wajen ba da beli. Ya ji tsoron kada a ce alƙalin ƙauye ya yi sake, sai ya hana.

Wata huɗu Lado ya yi a tsare kafin a kira shari'arsa. Mai shari'ar birni ya ɗaga sule ɗaya a tafin hannu, ya ji ba shi da nauyin da zai ruɗi ko makaho, nan take ya sallame shi. Lado ya dawo Gubuchi a Satumba da tari mai tsanani, ya tarar da gonarsa ciyawa ta kai ƙugu. Ya rasu a Disamba, ya bar matarsa Mero da 'yarsa Sabuwa mai shekara tara.

Shekarun Ƙarshe

A farkon 1963 Malam Iliyasu ya ajiye aiki, ba tare da kowa ya tuhume shi ba. Tun daga damunar nan, duk ranar da ruwan shuka ya sauka, gonar Lado yake fara zuwa da 'ya'yansa kafin tasa, ya nome ta, ya girbe, ya kai hatsin ƙofar gidan. Mero takan karɓa don yunwa ba ta bar mata zaɓi ba, amma gaisuwarsa ba ta taɓa samun fiye da "lafiya" ba. Haka ya yi har Sabuwa ta yi aure a 1971. Yakan gaya wa ɗaliban da ke karatu a zaurensa cewa ya yi hukunci da jahilci sau da yawa, yana fatan gafara, amma sau ɗaya ya yi da sani, shi ne ke hana shi sukuni.

Rasuwa

Allah ya yi masa rasuwa a Janfalan ranar wata Alhamis ta watan Yunin 1978, yana da shekara saba'in, aka binne shi kusa da mahaifinsa bayan sallar azahar. Ya bar matarsa Hajo da 'ya'ya biyar: Inuwa, Ya'u, Rahmatu, Hassana da Musa. A wasiyyarsa ya roƙi a riƙa ambaton Sabuwa 'yar Lado a matsayin ta shida. An aika mata da labarin tun da safe, har aka yi addu'ar bakwai ba ta zo ba.