Lakar Bayan Farantin Kaka

Maigidana ya bar Damagaram ya zo birnin Lyon na Faransa karatun fasassun farantai. Ba zolaya nake ba, wallahi shi ne karatun. Mutanen Ingila na da can suna gasa tangaran, su ci abinci a ciki, ya fashe, su watsa a bola. Jikokinsu suka taso suna tonon bolar da ɗan cokalin magina da burushi, kowane tsingaro a rubuta masa lamba a sa shi a leda. Malam ya duba sana'o'in duniya kaf, ya ga wannan ce ta yi masa. Yakan dawo da yamma baki har kunne, ya ce yau ya riƙe hannun wata butar shayi da ta girmi kakansa. In ce, "To ina butar?" Ya ce ai butar ba a same ta ba.

Abin da yake son tabbatarwa a littafin digirinsa shi ne farantan Ingila sun iso har ƙasarmu tun zamanin ayari, kuma matanmu ba ci suke yi a ciki ba, a bangon ɗaki suke kafa su don ado. Ni wannan ban ga abin digiri a ciki ba, tunda a irin ɗakin na girma. Amma malamar da ke duba aikinsa, wata tsohuwa 'yar Ingila da ke zaune a Paris, ta ce zance ya yi daɗi, sai dai ina shaida? Faranti mai tambarin Ingila kowa na iya sayowa a kasuwar tsofaffin kaya. Tana son wanda zai nuna da kansa cewa a bango ya zauna. In babu, a cire babin, kuma babin nan shi ne zuciyar aikin Malam na shekara huɗu. Mutumin da ke cinye malmala uku ya koma sai ya taɓa ɗaya ya ture.

Ana cikin haka damina ta rushe ɗakin Kaka a unguwar Birni, can Damagaram, shekara biyu bayan rasuwarta. Inna ta tona cikin ƙasar ta sami faranti ɗaya tak da bai fashe ba, ta naɗe shi a zane ta ba wani ɗan kasuwa ya kawo mini. Ranar Talata ya iso. Fari ne da zanen shuɗi, da wata 'yar gada da tsuntsaye biyu a sama, bayansa kuwa da gefen bakinsa duk jar laka ce ta bushe ta kama. Ina buɗe zanen na fashe da kuka. Malam ya zauna kusa da ni yana ba ni haƙuri, Allah ya ji ƙan Kaka, Allah ya sa ta huta, amma ina kallonsa, ido ɗaya yana kaina ɗaya yana kan farantin. Da kukan ya lafa ya ce ko zan ba shi aro ya kai labo, ɗakin bincikensu, a ɗauki hotonsa da kyau. Na ce ko ƙofar gidan nan ba zai fita ba, balle a shiga metro, jirgin ƙarƙashin ƙasa, da shi. Duk mai son ganinsa ya zo ya same shi. Haka aka yi malamar ta ce za ta shigo jirgin ƙasa ranar Asabar ta ci abincin rana da mu.

Ba zan yi wa Malam ƙarya ba, ya yi mini bayani. Sai dai bayanin Malam ba ya da birki, rabi Hausa rabi Faransanci, ni kuma ina yankan albasa. Abu biyu na tsinta: akwai tambarin Ingila a ƙarƙashin lakar, kuma kada in taɓa. Na ɗauka tambarin ake son gani, kuma kada in taɓa na nufin kada in fasa. Ashe lakar ce shaidar.

Ranar Asabar da hantsi Malam ya fita tarbo malamar a tasha. Hajiya maƙwabciyarmu, 'yar Cadi mai shagon turare da atamfa a unguwar Guillotière, ta hauro taya ni girki. Tana shigowa ta ga farantin a tsakiyar tebur inda Malam ya ajiye shi a kan farin tawul. Ta ɗaga shi da yatsu biyu.

"Ƙanwata, wannan za ki nuna wa baƙuwa?"

"Shi ta zo gani, Hajiya."

"Da wannan dauɗar ƙasa a jikinsa? Mace ta taso tun daga Paris, ta koma ta ce matan Nijar ko kwano ba su iya wankewa ba? Namiji ne ya ajiye shi haka, shi ina ruwansa. Ke za a zaga."

Maganar ta shige ni. A gidanmu ko moɗa ba a miƙa wa baƙo sai an ɗauraye ta a gabansa. Ga shi kuma in na cire lakar tambarin zai fito sarai, na hutar da tsohuwa. Na jiƙa shi a ruwan zafi, na sa sabulu da soson ƙarfe. Lakar nan ta yi taurin kai, ni ma na yi. Ban bar shi ba sai da ya yi ƙal, ga kambin sarauta da rubutun Turanci sun fito kamar jiya aka buga. Hajiya ta ce yanzu ya zama farantin mutane. Ta zuba dabino a ciki ta mayar kan tawul, ta wanke wurin wanke-wanken tas.

Suka iso. Malamar 'yar ƙarama ce, kai fari fat, da takalmi irin na masu zuwa gona, ta cire shi a bakin ƙofa ba tare da an ce ta cire ba. Muka gaisa da Faransanci. Ko zama ba ta yi ba ta ciro safar hannu daga jaka tana sawa. Malam ya wuce gaba yana murmushi zai nuna mata tebur, sai ya tsaya cak. Ya dubi dabinon, ya dube ni.

Tsohuwar ta kwashe dabinon ɗaya bayan ɗaya ta jera a kan tawul, ta kifa farantin. Ta daɗe tana kallo. Sannan ta tambaya a hankali ina ƙasar take.

"Na wanke, Madam," na ce, har da ɗan alfahari.

Malam ya ce innalillahi, ya ruga ɗakin girki. Muna jin sa yana kwance bututun da ke ƙarƙashin famfo, ko zai sami ragowar lakar. Hajiya, da ba ta gane abin da ake ciki ba, ta bi shi tana cewa, "Malam, ai na tsabtace nan ma, kada ka wahalar da kanka." Ya fito hannunsa jiƙe, ya zauna a ƙasa. A lokacin na gane na wanke masa shekara huɗu da soson ƙarfe, kuma kunya ta kama ni har na rasa inda zan sa idona.

Malamar ta cire safar, ta ɗauki dabino ɗaya ta ci. Ta tambaye ni ko ni na taɓa ganin ɗakin Kaka da idona. Na ce a ciki aka yaye ni. Ta ciro littafi da alƙalami. Na gaya mata yadda farantan suke jere layi uku a bangon da ke kallon ƙofa, manya a tsakiya, ƙanana a kewaye, don mai shigowa ya fara cin karo da su. Na gaya mata yadda Kaka ke goge su da jiƙaƙƙen tsumma ana jibi salla, da yadda ta taɓa bin yayana da muciya don ya auna ɗaya da gwafar harbin tsuntsu. Tana rubutu tana dariya, shinkafa ta huce, Hajiya ta ɗumama ta sau biyu. A ƙarshe ta ce wa Malam wannan bai kai lakar ƙarfi ba, amma in ya je gida ya ɗauko irin wannan bayani daga bakin tsofaffin mata, babin zai tsaya. Ta ƙara da cewa shekara huɗu yana kwana gida ɗaya da shaida bai taɓa tambayarta ba. Malam ya ci faranti biyu na shinkafa.

Da ya raka ta ya dawo bayan la'asar, na tare shi da tsokana, na ce to Malam, a rubuta sunana a bangon littafin. Bai yi dariya ba. Ya zauna ya ce ba zancen digiri ba ne yanzu.

"Wa ya kafa farantan nan a bango?"

"Kaka, da kanta, tana amarya. Ta ce magini zai fasa mata."

"To a lakar gefen bakin akwai sawun yatsu uku, inda ta danna ta shafe. Na gani da gilashin ƙara girma tun ranar Talata. So nake in nuna miki a gaban baƙuwa."

Na san wurin. Nan ne ya fi kaushi, nan na fi dirza. Kaka ba ta taɓa yarda an ɗauke ta hoto ba, ko ɗaya ba mu da shi.

Washegari Lahadi, ranar da nake kiran gida, na sauka shagon waya na Guillotière na kira Inna. Bayan gaisuwa na ce faranti ya iso lafiya, ko tsagewa bai yi ba. Ta yi hamdala. Sannan ta ce, "Kin ga ban wanke shi ba ko? Da gangan na bari. Ki duba gefen bakin, hannunta na nan."

Na riƙe kan wayar ina kallon bangon ɗan akurkin da ake shiga a yi waya.

"Kina ji na?"

"Ina ji, Inna."

"Kin gani?"

Na ce na gani.