Ruwan Akoko

A gidanmu na Funtua, idan aka kira abu akoko, ba yabonsa ake yi ba. Mahaifinmu a masaƙar zamani yake aiki, saboda haka tun muna ƙanana muka san akoko shi ne yadin da ya fito daga inji kafin a wanke shi a faranta shi. Shi ba fari ba, shi ba ruwan ƙasa ba, ga kauri ga warin sitaci. Da shi ake yi wa katifa rigar ciki, da shi teloli ke yin aljihu. Idan wata ta ɗinka atamfa mai araha ta koɗe a wanki biyu, sai mu ce ta koma akoko, mu yi dariya. Iyakar abin da na sani game da kalmar ke nan har aka kai ni Maska.

Mijina malamin firamare ne. A gidansu muka zauna, sashenmu daban, na mahaifiyarsa daban. Inna nake ce mata, ita kuma "'yar nan" take ce mini har ta bar duniya. 'Yar ƙaramar mace ce marar yawan magana, mijinta ya daɗe da rasuwa. Tana da gayauna a bayan gari inda ake shuka mata auduga, kuma ba ta yarda a kai ta kasuwa duka. Takan ware buhu guda ta ajiye a ɗaki. Da hantsi, in ta gama abin da za ta yi, sai ta shimfiɗa tabarma a gindin darbejiya, ta ɗauko mazari da ɗan alli, ta yi ta kaɗi har azahar. A unguwar kaf ita kaɗai ta rage mai yin haka.

A satina na biyu ta leƙo ta ce, "'Yar nan, in kin zuba dusa ki ware wa akuyar nan mai ruwan akoko nata, ciki ne da ita."

Na ɗauka kushe akuyar take yi, har na ƙunshe dariya. Daga baya na lura haka take cewa da ƙwan kaza, da wake, da yaɓen farar ƙasa idan ya kwana biyu a jikin bango. A bakinta launi ne kawai, kamar yadda ake cewa ruwan toka ko ruwan goro. Ban taɓa jin wani ya faɗa haka ba kafin ita, ban kuma tambaye ta ba, don a lokacin ko ido ba na iya haɗawa da ita.

Da cikina na fari ya kai wata bakwai aka ce in tafi gida in haihu, kamar yadda aka saba. Da safen da zan tafi na je yi mata sallama, na durƙusa a bakin ƙofa. Ta miƙo mini wani abu a naɗe.

"Na goyo ne," in ji ta. "Audugar gonata ce, zaren hannuna. Wani tsoho a Tsiga ya saƙa."

Na yi godiya, na sa a ƙasan akwati. Sai a Funtua na warware shi. Zane ne mai nauyi, an saƙa shi siriri-siriri an haɗa da ɗinki, da ɗigo-ɗigon ɓawon angurya a jikinsa. Launinsa kuwa ruwan akokon nan ne dai. Gaskiya ban ji ya burge ni ba.

Mahaifiyarmu ta rasu tun ina makaranta, don haka yayata ce ta zo daga gidanta ta tsaya mini a jego. Na haifi namiji. Ana saura kwana biyu suna muka baje kayan jariri a kan gado muna zaɓen waɗanda za a sa masa. Yaya ta ɗaga zanen Inna da yatsu biyu.

"Wannan akokon fa daga ina?"

Na gaya mata.

"To ai kuwa in ta zo sai ta nemi ganinsa. Ga dangin miji za su cika gidan nan. A ga yaro a cikin wannan, a ce ko wanki ba mu iya ba."

An daɗe a cikin danginmu ana cewa Yaya ce ta ɓata zanen, ni ma na bar maganar a haka. Ba haka ba ne. Ita ta kawo shawarar a jiƙa shi a ruwan nan na kwalba mai faranta kaya, amma da ta zuba murfi biyu ni na ce ta ƙara, don zanen yana da kauri. Ni na ce a sa bula a ruwan ɗauraya. Kunyarsa nake ji tun ranar da na warware shi, Yaya furtawa kawai ta yi.

Muka jiƙa shi da hantsi. Sai 'yan barka suka fara shigowa, wata na fita wata na shiga, babu wanda ya tuna da bahon sai bayan la'asar. Da aka ɗauraye ya fito fari fat, da shuɗi-shuɗi a wasu wurare. Yaya na matse shi muka ji ya yi ƙara. Ya yage kamar tsawon tafin hannu, a tsakiya.

Yana kan igiya Baba ya dawo daga aiki. Ya jingine kekensa, ya tsaya a gaban zanen, ya murza gefensa da yatsu. Sannan ya zo bakin ɗakin da nake, bai shigo ba.

"Wa ya sa wa zanen can magani?"

Bai jira amsata ba, ya ci gaba.

"Ko a wurin aikinmu auna ruwan ake yi, a auna lokacin. Kun bar shi ya ci zaren. Ba zai yi ƙarko ba yanzu." Sannan ya ce, "Kin san tsawon lokacin da ake ɗauka kafin a kaɗa zaren zane guda da hannu?"

Na ce ban sani ba.

"Ni ma ban sani ba. Inji na sani. In kin koma ki tambaye ta."

Ranar suna Inna ta iso da hantsi tare da matan Maska. Yaya ta riga ta ɗinke yagar da farin zare, ta ninke zanen yadda ba za a gani ba. Bayan an gaisa aka miƙa wa Inna jaririn. Ta dube shi, ta yi masa addu'a, ta ce, "Ina zanen angon nawa? A ba ni in naɗe shi."

Ni na ɗauko da hannuna. Ta warware shi a cinya, ta daɗe tana kallo. Na ga yatsanta ya bi ta kan ɗinkin Yaya, ya tsaya, ya wuce.

"An wanke shi," in ji ta.

"E, Inna."

"Ya yi fari."

Ta naɗe yaron a ciki, ta riƙe shi har aka ci abinci. Mata na shigowa suna yaba farin zanen, wata ma ta tambaya a wane kanti aka saya. Inna ta ce kyauta ce. Da faɗa ta yi mini a gaban mutane, ina jin da ya fi mini sauƙi.

Na koma Maska bayan arba'in, daidai lokacin tsinkar auduga. Motoci na ta wucewa shaƙe da buhuna, gefen hanya duk ya yi fari da wadda iska ta kwasa. Inna ta karɓe ni kamar kullum. Ta ɗauki yaro, ta dama mini kunu, ba ta ta da maganar zane ba. Zanen kuwa bai kai wata biyu ba ya sake yagewa a wani wurin, na ninke na ɓoye.

Na fi sati uku ina shirya abin da zan faɗa. Wata rana mijina ya tafi makaranta, gidan babu kowa, na same ta a gindin darbejiya tana gurzar auduga, wato raba ta da angurya da ɗan ƙarfe a kan dutse. Na zauna a gefen tabarmar.

"Inna, zanen nan ni na ɓata shi. Ki yafe mini."

Ba ta ɗago ba. "Datti kika ɗauka?"

"Ba datti ba. A wurinmu in aka ce akoko, abin da ba a gama ba ne. Na ga kamar za a raina shi."

Ta ajiye ƙarfen. Ta cire farin mayafin da ke kafaɗarta, na kanti, ta shimfiɗa. Ta ɗora ɗan curin auduga a kai, ta ɗora zaren da ta kaɗa jiya kusa da shi.

"Duba nan. In kin ga auduga a gona sai ki rantse fara ce sol. Sa ta kusa da wannan ki gani."

Na duba. A kan mayafin audugar ta koma kamar madarar da aka dafa, zaren kuma ya fi ta duhu kaɗan.

"Haka Allah ya fito da ita," in ji Inna. "Wancan farin magani ya sha. Akoko na inji ne, nawa na hannu, amma ruwansu ɗaya, don duk ba a taɓa su da komai ba. Shi ya sa nake kiran launin da sunansa. Ban san wani sunan ba." Ta ɗauke zaren. "Da kin bar shi, wanki da rana za su yi ta haska shi a hankali, yana ƙara laushi. Kafin a yaye yaro ya yi hasken da kike so. Gaggawa kika yi, shi ke nan."

Na tambaye ta abin da Baba ya ce in tambaya.

"Kaka biyu. Tun kafin a kawo ki na fara."

Can na ce, "Kin yi fushi, Inna?"

"Na yi. Da na dawo daga sunan na yi sati ban taɓa mazari ba." Ta turo mini dutsen da ƙafa. "Tunda kin zauna, gurza mini wannan. Hannuna ya gaji."

Daga ranar nake zama da ita. Gurza ba ta ba ni wuya ba, haka shiɓa da ɗan baka don audugar ta tashi. Kaɗin ne ya gagare ni. In na murza mazari sai ya faɗi, in ya tsaya sai zaren ya tsinke, in bai tsinke ba sai ya fito nan kauri nan siriri. Inna ba ta iya koyarwa da baki ba. Sai dai ta karɓa ta yi sau biyu a gabana, ta mayar mini. Takan ce in rage riƙe audugar, ba guduwa za ta yi ba. A wannan zaman ne na fara jin labarinta: garin da aka haife ta wajen Matazu, da 'ya'ya uku da ta binne kafin mijina ya tsaya. Duk a kan mazari ta faɗa, idonta na kan zare.

Da na sami ciki na biyu muka haɗa abin da muka tara, nata da nawa, muka tafi Tsiga. Mijina ya samo mana babura biyu. Masaƙin tsoho ne tukuf, yana zaune a rumfar kara a ƙofar gidansa, zarensa ya miƙe har tsakiyar fili. Suka gaisa da Inna gaisuwar waɗanda suka daɗe da sanin juna. Ya zazzage jakar, ya fara ɗaga curin zaren ɗaya bayan ɗaya. Ba da ido yake dubawa ba, da yatsa. Nan da nan ya raba su gida biyu.

"Iya, wannan ba hannunki ba ne."

"Hannun matar ɗana ne, Malam."

Ya ja nawa kaɗan, ya tsinke. "Ba zai yi zaren tsaye ba, ba zai jure ja ba. Amma zai yi abawa, a gitta shi a kwance. Sai dai zanen zai yi gargada."

"Ya yi," in ji Inna. "Ba kasuwa za a kai ba."

Ya juyo wajena ya tambaya ko a rina wani sashe a yi masa layi, tunda 'yan zamani sun fi son haka. Inna ta bar mini amsar. Na ce a bar shi yadda yake.

Bayan sati biyar aka aiko da shi. Gargadar na nan kamar yadda ya faɗa, kuma duk inda zarena ya bi ya fi duhu, don ya daɗe a hannuna yana shan gumi. Da shi na goya 'yata, da shi na goya biyun da suka biyo ta. Ya yi haske, ya yi laushi, bai taɓa yagewa ba.

Inna ta rasu da damina, ina goyon na uku. Masaƙin ya riga ta da shekara guda, 'ya'yansa kuma babu wanda ya gaji aikin. Na gwada kaɗi ni kaɗai sau biyu ko uku, na ga babu wanda zan kai wa zaren, na bari. Kalmar ce ta zauna mini a baki. Ko kwanan baya da za a yi wa ɗakina fenti na ce da mai aikin ruwan akoko nake so, ya tsaya yana kallona, sai da na nuna masa ƙwai.

Zane na biyun kuwa wata 'yar maƙwabtanmu da aka aurar wajen Malumfashi ta ara da ta yi haihuwar fari, don jaririnta yana ƙuraje in an goya shi da atamfa. Na ji ta ba ƙanwarta daga baya. Ba a dawo da shi ba, ni ma ban aika a karɓo ba.