Keken da Malam Ilu Ya Ɗauko a Ka

Baba Luba ta fi shekara talatin tana ɗinki a Sheshe, gida biyu ne tsakaninmu. Kekenta na ƙafa ne, tsoho, baƙi. Mijinta marigayi Malam Ilu, marini a Ƙofar Mata, shi ya saya mata shi, ya ɗauko shi a ka tun daga Sabon Gari. Ranar bai ko wanke hannu ba, shuɗin yatsunsa ya zauna a jikin katakon keken. Shi ne kuma yake karɓo mata aiki wurin abokan sana'arsa, har ta kai ga mayar da zauren gidan shago, ta koya wa mata goma sha ɗaya ɗinki ta yaye su.

Bara wasu masu shirya wasan talabijin suka zo, shugabarsu wata matashiya mai fara'a, Shamsiyya. Suka ce za su yi shiri a kan mace tela da ta gina sana'arta. Kwana uku suna zuwa. Baba ta ba su labarin rigar farko da ta ɓata wa wuya, da allurar da ta huda mata farce. Ta kuma ara musu keken.

Rana ta uku Shamsiyya ta ce, "Baba, maigidanki fa? Ya taimaka miki?"

Baba ta sunkuyar da kai tana murza gefen zaninta. Matan zamaninta ba sa kama sunan miji, balle su yabe shi a gaban baƙi, ga kuma maza biyu tsaye da kyamara.

"Allah dai ya ji ƙansa," ta ce.

Shamsiyya ta riƙe mata hannu, idonta ya kawo ruwa. "Na gane, Baba. Ba sai kin faɗa ba."

Bayan ƙaramar Sallah aka fara nuna shirin. Matan unguwa suka cika tsakar gidanta, kowa ya gane keken. A kashi na uku mijin telar ya shigo, marini, hannunsa shuɗi. Ya zage ta tas, ya sa ƙafa ya shure keken.

Maƙwabciyarta Kulu ta dafe ƙirji. "Luba! Ashe haka kika sha? Muna ganinsa shiru-shiru, ashe mugun cikin ɗaki ne!"

"Ƙarya ne, Kulu."

"Kya rufa masa asiri mana, uban 'ya'yanki."

Washegari Baba ta sa na kira mata Shamsiyya a waya. Shamsiyya ta ce, "Haba Baba, ai wasa ne, ba mu sa sunan kowa ba. Kuma in babu mugu wa zai kalla?"

Maganar ta bazu har Ƙofar Mata. Tsofaffin da suka yi rini tare da shi suka fara cewa mutum dai sai Allah.

Ranar sunan jikar Kulu, gida cike da mata, Baba Luba ta miƙe tsaye.

"Ku saurare ni. Ilu ne ya sai mini keken nan. Ilu ne ya..."

Ba ta ƙarasa ba wata ta rangaɗa guɗa. "Jama'a, yau Luba ta kama sunan miji!"

Gida ya ɗauki shewa. Kulu na dariya har da hawaye. "Da tsufanki, Luba? Soyayya ce ta motsa?"

Washegari da na je gaishe da Baba da hantsi, na tarar an dawo da keken. Masu shirin sun shafe katakon da sabon fenti don ya yi kyau a hoto. Tana zaune da reza tana kankarewa a hankali, daidai inda shuɗin yatsun Malam Ilu yake.

"Na zubar da kunyar shekara arba'in," ta ce, "ko mutum ɗaya bai ji ƙarshen maganata ba."

Fentin ya fita. Ƙarƙashinsa farin katako ne fes. Sun goge shuɗin kafin su shafa fentin.