Kwaɗon da Ya Ƙi Tashi a Ajin Larabci

Ko zan manta komai na zamana a Masar, ba zan manta ranar da na shiga aji da kwaɗo a cikin kwalin takalmi ba.

A 2013 ne, ina zaune a unguwar Abbasiya, ina ajin share fage na koyon Larabci. Jarrabawar baka ce ta rage mini, kuma na taɓa faɗuwa sau ɗaya. In na sake faɗuwa, sai maimaita shekara, ga Baba can Gusau yana ta gaya wa mutane ɗansa ya kusa zama shehi. Malaminmu, wani dattijo Bamisire mai son shayi, ya ce kowa ya zaɓi halitta ɗaya ya yi bayaninta na minti biyar. Masu hankali suka ɗauki raƙumi da ƙudan zuma. Ni kuwa sai na tuna wani kwaɗo da na gani a talabijin, mai shawagi a dazuzzukan Asiya masu yawan ruwan sama.

Na haddace bayanin tsaf. Kore ne, a can ƙololuwar bishiya yake rayuwa. Tsakanin yatsunsa akwai fata mai faɗi, idan ya diro sai ya baza ta kamar laima, iska ta tallafe shi har wata bishiyar, ya manne da kan yatsunsa masu danƙo. Macen tana ƙwai cikin kumfa a jikin ganyen da ke saman kududdufi, in suka ƙyanƙyashe sai talibambam su faɗo ruwa.

Da na tsaya a nan, da lafiya lau. Amma son burgewa ya kai ni kasuwar dabbobi ranar Juma'a. Na nuna wa wani mai sayar da kunkuru hoton a waya.

Ya ce, "Akwai shi, ya basha, ranka ya daɗe!" Ya shige ciki, ya fito da wani jibgegen kwaɗo ruwan ƙasa.

Na ce, "Na hoton ai kore ne."

"Ranar Masar ce ta dafa shi. Kai ma haka ka zo?"

"To ina fatar ƙafar?"

"Sai ya ga tsayi yake buɗe ta."

Har yau ina mamakin yadda na yarda na saye shi.

Ranar jarrabawa na zuba haddata ba tuntuɓe, sannan na ce yanzu za a gani da ido. Na taka kujera na ɗora shi a kan kabad. Ya zauna yana kallonmu, maƙogwaro na motsi. Na tafa hannu. Shiru. Na ce, "Yalla, maza tashi!" Ko gezau. Sai da na ɗan zungure shi da biro, ya yi tsalle guda, ya faɗo tim kamar curin tuwo a kan teburin Malam. Kofin shayi ya kife a jallabiyarsa. Ɗaliban layin gaba suka watse.

Wani ɗan Indunusiya da ke zama a bayana ya yi dariya har da hawaye. Da ya samu numfashi ya ce, "Ya akhi, a dajin bayan ƙauyenmu ake samun wanda kake faɗa. Siriri ne, ba ya cika tafin hannu. Wannan naka ɗan bakin Nilu ne, ko kan gado bai taɓa hawa ba."

Na riga na ga kaina ina maimaita shekara. Malam ya goge rigarsa a hankali, ya ce, "Ya ibni, ajiye haddar. Faɗa mini yadda aka yi ka samo wannan baƙon."

Na fara, ina karya nahawu ina gyarawa, har da kwaikwayon muryar mai kunkuru. Da na zo kan ranar Masar, Malam ya kifa kai a tebur, kafaɗunsa na rawa. Na fi minti goma ina magana ban sani ba.

Ya ɗago ya ce, "Yau na fara jin ka yi Larabci, da can karanto shi kake yi. Ka ci. Khalas, shi ke nan, mayar da shi gidansu."

A bas na kai shi bakin kogi, kwalin a cinyata. Ina buɗewa ya shige ruwa, ko waiwaye babu.

Tun daga ranar, duk abin da a hoto kawai na san shi, sai na tambayi wanda ya taɓa ganinsa kafin in buɗe baki. In kuma an riga an yi mini wayo, nakan faɗi gaskiya da wuri, domin ita ce ta fitar da ni a ranar.