Igiyar Korar Jan-baki

Ina ajin ƙarshe a sakandare lokacin da ni da yayana muka kamu da wani wasan waya, irin wanda kowa ke da jaruminsa a intanet. Na Yaya masunci ne, shekara biyu yana renonsa. Dokar ƙungiyarsu a wasan ita ce, duk wanda ya yi mako bai kawo kifi ba, a cire shi.

Sai shinkafarmu ta fadama ta fara nuna, tsuntsaye jan-baki suka sauko. Tun safe har yamma Yaya yana kan rumfa, riƙe da igiyar da ya zagaye gonar da ita ya rataya mata gwangwanaye. Ina ya ga hannun taɓa waya?

Ni na kawo shawarar bot, wato manhajar da ke latsa allo da kanta. Na auna komai na rubuta a littafina: jefa ƙugiya, jira sakan bakwai, ja. Na fara gwadawa da jarumina. Bayan kwana uku kamfanin wasan ya rufe shi, don ba mutumin da ke latsawa daidai wa daida haka.

Da na kai wa Yaya abinci gona, na faɗa masa kaina a sunkuye.

"Malam mai lissafi!" ya ce yana dariya. "Karɓi igiyar nan, ka riƙa ja duk bayan sakan bakwai ɗin naka."

Ba a jima ba tsuntsayen suka gane ni. Su ɗan tashi, su dawo su ci gaba da ci.

"Yaya, sun raina ni."

"Ai ka ba su jadawali ne."

Ya karɓa. Ya fizga sau biyu, ya yi shiru har na zaci ya manta, sannan ya girgiza ta da ƙarfi. Garken ya watse ya nufi hanyar garin Guri.

Bayan la'asar na riƙe masa igiya, ya shiga wasan ya sa manhajar ta naɗi motsin yatsansa na rabin awa don ta riƙa kwaikwayonsa. Wani wurin ya yi sauri, wani wurin ya yi nawa, har kifi ya bari ya kuɓuce da gangan. Ina tsaye ina kallo.

Wayar Yaya ta zauna a ɗakina, manhajar tana ta kama masa kifi. Kullum kafin in tafi makaranta sai na leƙa in ga ko an rufe shi. Ranar da muka gama sussuka, Yaya ya wanke hannu ya karɓe ta. Masuncinsa yana nan bakin ruwa, sunansa yana cikin ƙungiya, kwandonsa cike.