Masarar da aka dafa da toka

Maigidana, Allah ya ji ƙansa, direba ne, yana kai ma'aikata Abuja daga Suleja. Idan ya sauke su sai jira har yamma, a cikin jiran nan ya koyi kallon shirye-shiryen tarihi a waya. Nan ya gamu da mutanen Maya, daga ranar kuwa gidanmu na haya a Kwamba bai sake samun sakat ba.

Tun bai cire takalmi ba yake fara labari. Wai wasu mutane ne a tsakiyar nahiyar Amurka da suka gina biranen dutse a cikin kurmi tun Bature bai san hanyar wurin ba, da gine-gine masu matakala kamar za a taka a shiga gajimare. Suna da rubutunsu, suna lissafin rana da wata, jikokinsu ma suna nan har yau da harshensu. Amma masara ce ta fi tsaya masa a rai. Ya ce daga yankinsu ta fito ta zagaye duniya, har suna cewa da ƙullinta aka yi mutum. Ya yi istigfari, sannan ya shafa tumbinsa ya ce in don yawan cin tuwo ne, shi kam ba zai musa ba.

Wata Asabar ya shigo da masara daga Sabon Wuse, ya ce sai mun ci abincin Maya. Su ba sa surfe, a cewarsa. Da toka ko farar ƙasa suke tafasa ta, ta kwana a ruwan, fatar ta saɓule da kanta, a markaɗa, a gasa ƙullin fale-fale a kasko. Ni da nake girki da gas, ina zan ga toka? Na yi abin da kowace mace a unguwarmu za ta yi idan abu ya ƙi laushi, na dumbuza kanwa. Masarar ta yi jawur, ta yi yauƙi, ga ɗaci. Ya daure ya haɗiye loma guda, idonsa har da hawaye.

"Hajiya, wannan ko su Mayan aka ba, hijira za su yi."

Na ce to ya je ya auro tasu. Muka yi ta dariya. Daga baya ya shuka masara a ɗan filin bayan ɗakinmu, da wake da kabewa a kunya guda kamar yadda ya ga suna yi, ya ce in ta bushe za mu sake gwadawa da tokar itace ta gaskiya.

Masarar na bushewa a jikin kara ya kwanta ciwo. Bai tashi ba.

Da sadakar arba'in ta matso, na ce da masararsa zan yi, irin yadda ya so. Yayarsa, wadda ta zo daga Bagama ta zauna da ni tun ranar rasuwa, ta ce a'a. Waina aka sani, ko gumba. Ba za a tara mutane a miƙa musu abincin waya ba, a ce mun yi wasa da sadakar mamaci. Ban yi musu da ita ba. Na roƙe ta gwaji ɗaya, in ya lalace a yi waina, ba zan sake tayar da zancen ba.

Maƙwabciyarmu 'yar Kudu mai suyar ƙosai ta ba ni toka cike da kwano. Ina shirin juye ta a tukunya Yaya ta riƙe hannuna, ta ce haka zan ba mutane ƙasa su ci? Ta huda tsohuwar roba, ta shimfiɗa tsumma, ta tace ruwan toka yadda mahaifiyarsu take yi na miya a ƙauye. Da shi muka tafasa masarar, muka rufe.

Da safe na tsoma hannu na murza. Fatar ta saɓule a yatsuna, sul, kamar yadda ya faɗa. Ban san lokacin da na ƙwala wa Yaya kira ba, ni da ban ɗaga murya ba tun da aka fita da shi. Muka wanke, aka kai inji. Ƙullin ya dawo da laushi, yana kama jikinsa, ba ya wargajewa kamar na garin tuwo. Na shiga gasa shi fale-fale a kasko: na farko ya ƙone, na biyu ya yage. Na uku ya kumbura a kasko, wani ƙamshi ya tashi wanda ban taɓa ji a masara ba, har mai ƙosai ta leƙo tana tambayar me ake toyawa.

Na miƙa wa Yaya. Ta gutsura, ta daɗe tana taunawa, tana kallon karan masarar da ke bayan ɗaki.

"Gishiri ya yi kaɗan," in ji ta. Ta share ido da bakin mayafi, ta jawo kujera kusa da kaskon. "Sauran masarar nawa ce? Mutanen masallaci da yawa, kin sani."

Ranar sadakar, da miyar kabewarsa muka raba gashin masarar.